Tambayi Barista: An ɗauke ni aiki ta bayan fage, yanzu an tsayar da albashina

Tambaya: Barista, barka da aiki. Shekarata huɗu a wata hukumar gwamnati. Ba a tallata gurbin ba, ban zauna jarrabawa ko intabiyu ba. Yayana ne ya haɗu da wani dillali, ya ba shi kuɗi, bayan 'yan makonni takardar ɗauka aiki ta fito. Yanzu kwamitin tantance ma'aikata ya tsayar da albashina, an ce in rubuto yadda aka ɗauke ni. Zan iya kai ƙara? Za a sa ni in mayar da albashin da na ci? Akwai ɗauri a ciki? Takardun makarantata dai na gaskiya ne.

Amsa: Malam, kafin ka rubuta wa kwamitin ko layi ɗaya, ɗauko takardar nan ka duba ƙasanta. Wa ya sa hannu, kuma yana da hurumin ɗaukar ma'aikaci a matakin da aka ajiye ka? Lambar fayil ɗin da ke samanta tana cikin rajistar hukumar? Makomarka a nan ta rataya, domin doka ba ta yi wa duk waɗanda suka shigo ta bayan fage kuɗin goro.

Akwai wanda ya cancanta, gurbin ma akwai shi a kasafi, mai hurumi ne ya sa hannu, sai dai an tsallake talla ko intabiyu. Akwai kuma wanda takardarsa ta bogi ce, ko babu gurbin kwata-kwata. Ga misali daga wasu ƙasashe: Kotun Ƙolin Indiya ta raba waɗannan biyun a shari'ar Umadevi ta 2006: na farko ana iya daidaita masa aikinsa, har ta ba da damar a yi hakan sau ɗaya ga waɗanda suka kai shekara 10 suna aiki, na biyu kuwa tsawon zama ba ya halatta shi. Burazil ta fi tsanani. Sashe na 37 na tsarin mulkinta na 1988 ya wajabta jarrabawar gasa, ya ce ɗaukar da aka yi ba ta nan ba rusasshiya ce, kuma a hukunta jami'in da ya yi ta.

Maganar mayar da albashi, a ganina ita ce mafi sauƙi cikin ukun. Ko a Burazil ɗin, kotun ƙwadago ta ce ma'aikacin da aka rusa ɗaukarsa yana da haƙƙin ladan sa'o'in da ya yi wa aiki. Gumi ya riga ya zuba, ba a dawo da shi. Wanda aka fi bi bashi shi ne ma'aikacin bogi da ke karɓar albashi yana kwance a gida, ko mai jabun satifiket. Amma kada ka sa rai da ƙarin girma ko lissafin fansho a kan waɗannan shekarun idan aka rusa ɗaukar.

Kuɗin da yayanka ya bayar shi ne ƙashin kifin. Mutane suna ɗauka mai karɓa kaɗai ake kamawa, alhali mai bayarwa ma yana ciki. A Najeriya, dokar hukumar yaƙi da cin hanci (ICPC) ta 2000 ta tanadi ɗaurin shekara 7 ga mai bayar da cin hanci da mai karɓa, da shekara 5 ga jami'in da ya yi amfani da kujerarsa ya fifita kansa ko ɗan'uwansa. Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta yaƙi da rashawa ta 2003 ma ta taɓo masu sayar da alfarma, wato irin dillalin nan naku. Abin da mai gabatar da ƙara zai nema a kanka shi ne ko ka san an biya, kuma tun yaushe ka sani. Ka ga dalilin da ya sa na ce ka dakata da biro. Ban ce ka yi ƙarya ba, ƙarya a rubuce wani laifin ne daban, kuma ta fi saurin kama mutum. Lauya ya karanta bayanin tukuna.

Ƙara kuwa kana iya shigarwa, a Najeriya Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da hurumi. Sai dai in gaya maka gaskiya, alƙali ba ya son mayar da mutum kan kujerar da aka saya masa. Hujjarka mai ƙarfi ita ce a saurare ka kafin a yanke hukunci, a kuma biya ka watannin da ka yi aiki aka riƙe. Ka tattara takardar kama aiki, takardun albashi, rajistar zuwa ofis da duk wasiƙar da aka taɓa tura ka aiki da ita, ka yi kwafinsu ka ajiye a gida. Kada ka ja lokaci, wa'adin shigar da ƙara a kan hukumomin gwamnati yakan zama gajere.