In sayar da shago in koma waƙa kamar Corpse Husband?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina da ɗan shago a Farm Centre, Kano, ina sayar da caja, iyafis, murfin waya da gilashin fuskar waya. Jarina ya kai naira miliyan uku da ɗoriya. Shekara biyu ke nan ina ba da labaran aljanu da na tsoro a YouTube da TikTok, ba na nuna fuskata, mutane suna cewa muryata ce ke riƙe su. Mabiyana sun kusa dubu arba'in. Na ga labarin wani Ba'amurke mai suna Corpse Husband da ya fara kamar ni, ya koma mawaƙi, ya yi kuɗi. Ina so in sayar da shagon in buɗe situdiyo in shiga waƙa gadan-gadan. Hajiyarmu ba ta so. Me ka gani?

Wa alaikumus salam, ƙanena. Kafin in amsa maka sai da na nemo tasharka na saurari labari biyu. Na tsohuwar rijiyar nan ta bayan gari, na kunna shi ne bayan sallar isha'i ina kishingiɗe a tsakar gida. Da ka zo wurin da guga ya dawo da nauyi alhali babu ruwa a ciki, ka yi shiru na ɗan lokaci, sai ga ni a zaune ina laluben tocila. Saboda haka ba na cikin masu cewa wasa kake yi. Kana da murya, kuma ka san inda ake yin shiru a labari, abin da masu shekaru a gidan rediyo ma ba duka suka iya ba. Amma kada ka sayar da shagon. Mutumin da ka kafa hujja da shi, shi ne babbar hujjata.

Corpse Husband ɗan San Diego ne a jihar Kalifoniya, an haife shi a 1997. Ya buɗe tasharsa a 2015, ya shekara biyar yana karanta labaran tsoro da wata murya mai kauri kamar daga ƙarƙashin ƙasa take fitowa. Bai taɓa nuna fuskarsa ba, sai zanen wata fuska rabi mutum rabi dodo mai kunnen zomo. Shekara biyar fa. Yana da masu sauraro daidai gwargwado, amma idan ka fita daga da'irar masu son labaran tsoro, da wuya ka sami wanda ya san shi.

A 2020 ya fara sakin waƙoƙi da kansa, ba kamfani a bayansa. A shekarar kuma annobar korona ta kulle mutane a gida, wani wasan waya da kwamfuta mai suna Among Us, wanda aka yi tun 2018 ba wanda ya damu da shi, ya zama abin yayi a duniya. Manyan masu tashoshi irin su PewDiePie suka riƙa gayyatar Corpse yana buga wasan tare da su kai-tsaye, miliyoyin mutanen da ba ruwansu da labarin tsoro suka ji muryar nan suka ce wane ne wannan? A watan Oktoba har da 'yar majalisar wakilan Amurka Alexandria Ocasio-Cortez aka buga wasan, mutum sama da 400,000 suna kallo a lokaci guda, shi ma yana ciki. A daidai wannan tsakanin, ƙarshen Satumba, ya saki waƙar da matasa suka ɗauke ta a TikTok. Zuwa Maris 2021 ya yi waƙa da mawaƙin Amurka Machine Gun Kelly wadda ta shiga jerin Billboard na waƙoƙi ɗari da suka fi tashe a Amurka, tasharsa kuma ta haura mabiya miliyan bakwai.

To duba yadda abubuwan suka jeru. Jama'a sun taru ne saboda wasa da murya, waƙa ta zo ta tarar da su a tsaye. Kamar mai shayi ne da ya kafa tebur a bakin hanya shekara biyar, rana ɗaya aka mayar da tashar mota gabansa. Ya cancanci cinikin, don da bai zauna a wurin ba da wani ne zai samu. Amma ba shi ya kawo tashar ba. Kulle na korona da Among Us tsuntsu ne daga sama gasasshe, ba a sa irinsa a cikin lissafin jari.

Abin da ya fi muhimmanci gare ka kuma shi ne, mutumin bai sayar da komai ba. Muryar da yake karanta labari da ita, da sunan da ya yi, da masu sauraron, duk su ya shiga waƙa da su. Da waƙar ta ƙi karɓuwa, da washegari ya koma karatun labarinsa ba a rage shi da ko sisi ba. Kai kuwa abin da kake shirin yi saki-reshe-kama-ganye ne: ka rabu da wurin zama a Farm Centre, wanda ka fi ni sanin wahalar samunsa, da amanar dilolin da ke ba ka kaya bashi, da kwastomomin da suka san ƙofarka. Kaya kawai za a biya ka kuɗinsu, su ma a karye. Sauran ukun kyauta za ka bar wa wanda ya gaje ka.

Akwai wani darasi a labarinsa da nake ganin ya fi waƙar amfani gare ka, wato mallakar haja. Yawancin masu karanta labaran tsoro a Turance ba su suke rubutawa ba, daga Reddit, wani dandalin tattaunawa na intanet, suke ɗebowa ko kuma mutane su aiko musu. A Fabrairun 2020 wani babban zauren labaran tsoro na Reddit mai suna NoSleep ya rufe ƙofarsa na ɗan lokaci don nuna fushi, saboda masu tashoshi suna kwasar labaran marubuta suna cin kuɗi ba izini ba sisi. Ga kuma matsalar talla: tun 2017, da manyan kamfanoni suka janye tallarsu daga YouTube, aka tsaurara ƙa'ida, bidiyon da ke da jini ko kisa sai a sa masa alamar dala ruwan ɗorawa, talla ta ragu, kuɗi ya ragu. A idon ɗan kasuwa, mai karanta labarin wani dillali ne a rumfar aro. Mai waƙar kansa kuwa hajarsa ce, ko yana barci tana iya kawo masa wani abu. Wannan ɓangaren na tunaninka daidai ne. Sai dai ba dole sai ka zama mawaƙi kafin ka mallaki haja ba. Labarin rijiyar nan, idan kai ka ƙirƙira shi, naka ne kamar yadda waƙa take zama ta mai ita. Idan kuma daga littafin wani ko shafin wani ka ɗauko, ka nemi izini tun yanzu, kafin tashar ta yi girman da za a neme ka.

Yanzu kuɗin. YouTube ba ta fara biyanka kuɗin talla sai kana da mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata goma sha biyu. A dogon bidiyo tana ba ka kashi 55 cikin ɗari, kuma sai abin ya taru ya kai dala 100 kafin a turo. Ina zaton ka wuce wannan matakin, kuma ka riga ka ga abin da ke ba kowa mamaki: kallo dubu daga Kano da kallo dubu daga Amurka ba farashinsu ɗaya ba, domin mai talla yana biya ne gwargwadon aljihun mai kallo. Waƙa ma haka take, har ta fi tsanani. Spotify, manhajar sauraron waƙa ta intanet, ba ta da tsayayyen farashi a kan kowane sauraro. Kuɗin da ta tara a kowace ƙasa take rabawa, wajen kashi biyu cikin uku ga masu haƙƙin waƙa. Ƙiyasin da aka fi ambata shi ne dala 3 zuwa 5 a kan sauraro 1,000, kuma wannan na ƙasashen da mutum ke biyan sama da dala 10 a wata ne. A Nijeriya, inda Spotify ta shigo a 2021, kuɗin wata bai kai dala 2 ba. Tun 2024 kuma waƙar da ba ta samu sauraro 1,000 a shekara ba, ba a biyan ta komai. Masu sauraron Corpse Amurkawa ne da Turawa masu katin banki, masu sayen rigar da ya buga wa tambarinsa. Naka masu sauraron fa? Kai da kake Farm Centre ba sai na gaya maka ba: waƙa tana fitowa da safe, kafin la'asar tana cikin kwamfutar masu turi, ana zuba wa mutane a waya, mai waƙar bai ga ko kwabo ba.

Mawaƙin Hausa da ka ga ya yi gida da mota, bincika ka ji. Biki ne, da taron siyasa, da waƙar talla, da waƙar fim, da wasan sallah, da kyautar masu hali. Duk waɗannan sai an gan ka. Amarya ba za ta biya muryar da ba ta zo wurin biki ba, ɗan siyasa kuma so yake ka tsaya kusa da shi a kan mumbari. Ɓoye fuska ya yi wa Corpse aiki ne saboda kuɗinsa ta intanet yake shigowa. A nan, ranar da ka zama mawaƙin da ke ci da waƙa, ranar ka cire mayafin da ya sa labaranka suke da kwarjini. Ka yi tunanin wannan da kyau, don ba a mayar da fuska bayan an nuna ta.

Sai kuma abin da masu ba da labarinsa ba su cika faɗa ba. Shi da bakinsa ya sha bayyana cewa yana fama da cututtuka, ciki har da ciwon jiki mai naci da kuma ciwon da ruwan ciki ke tasowa yana ƙona maƙogwaro. Ya rage fitowa kai-tsaye, bayan 2023 kuma aka daina jin ɗuriyarsa sosai. Allah Ya ba shi lafiya. Abin lura a nan, sana'ar da ta dogara da maƙogwaro ɗaya ba ta da yaron shago. Kai idan zazzaɓi ya kwantar da kai mako biyu, ƙaninka zai buɗe shago ya sayar da caja. Wa zai ari muryarka?

Batun situdiyo ba zan daɗe a kansa ba. Buɗe situdiyo sana'a ce dabam da waƙa, sana'ar haya ce, da kuɗin wuta da man janareta da kayan da ake saye da dala a sayar da su rabin kuɗi. Mai son shan nono ba sai ya sayi saniya ba. Kano cike take da situdiyo, ka biya kuɗin zama ka yi aikinka ka fito.

Hukuncin kiɗa da waƙa kuwa, wannan ka kai wa malamai, ni lissafi na iya. Amma ina zargin rabin damuwar Hajiya a nan take, rabi kuma a kan abin da za a ci gobe, kuma a rabi na biyun tana da gaskiya.

Ga yadda zan yi da ni ne kai. Jari ba a taɓa shi. Daga ribar wata ka ware wani abu da ka san ko ya ƙone ba za ka kasa barci ba, a ce kashi ɗaya cikin goma, ka buɗe masa littafi dabam. Da shi za ka yi waƙa uku cikin wata shida. Kada ka fara da waƙar soyayya, filin ya cika maƙil da waɗanda suka fi ka daɗewa. Yi wadda ta dace da duniyar da mutane suka san ka a ciki, 'yar gajeriya, ka sa ta a farkon labari ko ƙarshensa, kamar yadda kakanninmu ke sa waƙa a tsakiyar tatsuniya. YouTube za ta nuna maka daidai daƙiƙar da mutane suke tsallakewa ko suke fita. Wannan lissafin ya fi yabon abokai gaskiya. Idan aka fara ce maka a cire waƙar a sa ta ita kaɗai, to ka ji ƙanshin kasuwa. Idan shiru ne, ka sayi ilimi da araha.

Wanda zai yi maka kiɗa, ku rubuta a takarda: wa ke da kiɗan, wa ke da waƙar, nawa aka biya, akwai kaso nan gaba ko babu. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ba ta amince da sayar da haƙƙi da baki ba, sai a rubuce. Na taɓa zama sulhu tsakanin wasu samari biyu, aminan juna tun firamare, a kan waƙa ɗaya da ta ɗan yi tashe. Kuɗin da suke rigima a kai bai kai na buhun shinkafa biyu ba, amma har yau ba sa ga-maciji. Tunda a Kano kake, ka kuma leƙa Hukumar Tace Fina-finai ka ji sharuɗɗansu a kan mawaƙa kafin ka saki komai.

Wani abu da na yi mamakin ba ka gani ba: mutum dubu arba'in suna sauraronka da daddare, yawancinsu da iyafis a kunne, suna tsoron kada caji ya ƙare a tsakiyar labari, kai kuma iyafis da caja kake sayarwa. Ba sai ka nuna fuska ba. Lambar shago a ƙarƙashin bidiyo da jimla ɗaya a ƙarshen labari sun isa, ƙaninka ya riƙa amsa waya yana sa kaya a mota. Mai yiwuwa wannan ya riga waƙa kawo maka kuɗi.

Ranar da abin da ke shigowa ta intanet ya kai ribar shago wata shida a jere, ba wata ɗaya mai sa'a ba, sai mu sake zama. Ko a ranar ma ba sayarwa zan ce ka yi ba, yaro za ka zaunar a shagon. Kafin nan, ka buɗe shafin lissafin tasharka ka turo mini abu uku: abin da YouTube ta biya ka a wata shida da suka wuce, ƙasashe biyar da aka fi kallonka, da ribar shago a wannan tsakanin bayan ka cire haya da abin da ka ci. Ka gaida Hajiya.