Riƙe numfashi a ƙarƙashin ruwa: natsuwa ce ko ganganci?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina ganin Turawa a intanet suna nutsewa cikin ruwa su riƙe numfashi, wai yana kwantar da hankali yana tsarkake ruhi. Da gaske ne? Zan iya gwadawa? Daga mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Natsuwar gaskiya ce, kuma daga jiki take. Da zarar ruwan sanyi ya taɓa goshi da kewayen hanci, bugun zuciya kan ragu, jijiyoyin jini na hannu da ƙafa su tsuke, jini ya tattaru ga zuciya da ƙwaƙwalwa. Zancen ruhi kuwa mafi yawansa daga yoga ta Indiya aka aro, inda tsayar da numfashi ke da suna kumbhaka. Jacques Mayol, Bafaranshen da ya fara kai zurfin mita 100 da numfashi guda a 1976, ma'abocin yoga ne.

Ga inda muke so ka tsaya da kyau. Abin da ke matsa maka ka shaƙi iska taruwar iskar kabon (wadda muke fitarwa in mun numfasa) ce a jini, jiki ba ya jin ƙarewar oksijin sosai. Wanda ya yi ta jan numfashi da sauri da ƙarfi kafin ya nutse ya fitar da kabon ɗin, wato ya kashe mai gargaɗinsa. Zai ji garau, oksijin na ta raguwa, sai kawai ya suma ba ihu ba fafutuka. Ruwa iya gwiwa ya isa ya ci mutum a haka, kuma gwanayen ninƙaya ya fi cinyewa, don su ke iya daurewa. Minti 4 zuwa 6 ba oksijin, ƙwaƙwalwa ta fara lalacewa.

In natsuwa kake nema, ruwa a roba ya wadatar. Zauna, ka yi minti 2 kana numfashi a hankali, ka ja guda ɗaya, ka tsoma fuska a ruwan sanyi daƙiƙa 15 zuwa 20, ka ɗago.

A kogi ko wurin ninƙaya, kada ka yi kai kaɗai, ko sau ɗaya. Wanda ya iya ceto ya tsaya inda hannunsa zai kai gare ka, ya ci gaba da kallonka daƙiƙa 30 bayan ka fito, domin suma kan zo a lokacin. In ta faru, ya ɗaga hancinka da bakinka sama da ruwa, ya hura maka iska a fuska, ya kira sunanka; in numfashi bai dawo ba, ya hura baki da baki, a nemi asibiti.

Mai ciwon zuciya, hawan jini ko farfaɗiya, da mai juna biyu, ko robar ma sai da izinin likita.