Me ya sa burauza ta ƙi mantawa da tsohon adireshi?

Yarona, ka tambaye ni dalilin da ya sa burauzarka take ci gaba da kai ka shafin da ba shi ba, alhali ka riga ka gyara karkatarwar da ka yi kuskure a Django, kayan aikin gina shafukan intanet da harshen Python, kuma ka ce fom ɗin rajista yana isa wurin sabar, wato kwamfutar da ke ɗauke da shafinka, babu komai a cikinsa.

Kafin komai, ka bambance abubuwa biyu da kake haɗawa. Jadawalin hanyoyi da ke cikin fayil ɗin urls.py aiki ne na cikin gida: buƙata tana isowa, Django ya bi jerin daga sama zuwa ƙasa, ya tsaya a kan tsari na farko da ya dace, ya miƙa ta ga aikin da zai amsa, burauza kuwa ba ta san an yi ba. Shi ya sa tsari mai faɗi, idan ka ɗora shi a kan takamaimai, sai ya haɗiye shi. Karkatarwa kuwa amsa ce da sabar take mayar wa burauza, ɗauke da lamba da sabon adireshi a layin Location, sannan ita burauzar ta sake aiko wata buƙata dabam.

Lambar nan ce ta ɗaure ka. Da ka rubuta permanent=True, ka aika 301, wato ka shaida wa burauza cewa shafin ya ƙaura har abada, ita kuma ta ɗauke ka a kan maganarka, ta adana amsar, ta daina tambayar sabar. A kwamfutarka sai ka goge ma'ajiyar burauzar, amma ta maziyartan da suka riga suka karɓi amsar ba ta hannunka, kuma nan ne ɓarnar take. A ganina, kowace sabuwar karkatarwa ta fara da 302, lambar ƙaura ta wucin gadi, wadda redirect() yake bayarwa idan ba ka ce masa komai ba. Ka gwada ta da curl -I, umarnin da ke nuna maka lambar amsa da layin Location, domin shi ba ya adana amsa, kuma kada ka mayar da ita 301 sai ka tabbata adireshin ya zauna, lokacin da kake so Google ya ɗauki sabon a matsayin na dindindin.

Batun fom kuma, ina kyautata zaton APPEND_SLASH ne, saitin Django da ke ƙara / a ƙarshen adireshin da ya rasa shi. Ka nufi fom ɗin da /rajista, jadawalinka kuma /rajista/ ya sani, sai Django ya karkatar da buƙatar da 301, burauza ta mayar da POST, buƙatar da ke ɗauke da bayanan fom, zuwa GET, wadda shafi kawai take nema, bayanan suka zube a hanya. Lambobin 307 da 308 ne kaɗai suke tilasta a maimaita buƙata yadda take, amma a nan ba su ne maganin ba. Ka sa wa kowace hanya suna, ka riƙa kiran ta da reverse() ko alamar url a cikin shafi, maimakon rubuta adireshi da hannu.

Bayan an karɓi fom lafiya, ka karkatar da mutum da gangan zuwa shafin godiya, don kada sabunta shafi ya sake aika rajistarsa. Idan kuma adireshin da za a koma daga next ya fito, wato ?next= da ake liƙawa a ƙarshen adireshi, ka tantance shi da url_has_allowed_host_and_scheme tukuna, in ba haka ba wani zai yi amfani da shafinka ya tura mutane shafin damfara.