Amsa: Sai na sayi babbar kyamara kafin in fara ɗaukar dokumentari?

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Ka ce kana ɗaukar biki da waya kuma kana son komawa dokumentari, wato fim kan abin da ke faruwa a zahiri, amma kuɗin kyamara ya tsaya maka. Gaskiya ba kyamara ce matsalarka ta farko ba, sauti ne. Mutane za su jure hoto mai ɗan duhu amma in ba sa jin abin da tsohon nan yake faɗa saboda iska ko ƙarar janareta to sun wuce, don haka fara sayen ƙaramin makirufo na maƙalawa a riga da kuma tirafod, wato abin nan mai ƙafa uku da ake ɗora waya ko kyamara a kai, kyamara kuma haya ake yi.

Kuma ka sani aikin nan ba irin na Kannywood ba ne da darakta zai ce a sake, mutum sau ɗaya zai yi kukansa ko dariyarsa, in kana canza batir a lokacin shi ke nan. Wani sa'in sai ka yini a gari kana gaisawa da mai unguwa ba ka ɗauki komai ba, wannan ma aiki ne, kuma kar ka ɗauki kowa ba izininsa, balle mata da yara.

In karatu kake so akwai makarantar koyon fim ta National Film Institute a Jos da kwalejin talabijin ta NTA, ita ma Jos ɗin. Kuɗin aikin dokumentari kam yawanci daga ƙungiyoyin agaji da gidajen talabijin yake fitowa, kuma ba kullum ba, shi ya sa zan ce kar ka saki ɗaukar bikin tukuna. Haɗa ɗan fim na minti 5 kan masu rini a Ƙofar Mata ko wani mai sana'a a unguwarku, shi za ka riƙa nunawa in ana neman mai ɗauka.