Me ya sa masoya ba sa samun juna a tsofaffin finafinan Japan?

Tambaya: Malam, na kalli wani tsohon fim na Japan marar murya. Mace da namiji suna son juna, amma kowa ya danne zuciyarsa har abin ya kai ga mutuwa. Haka finafinansu na lokacin suke?

Amsa: Da yawansu haka suke, kuma abin ya girmi sinima. Japanawa suna da kalmomi biyu. Giri shi ne nauyin da ke wuyanka, na iyaye, na ubangida, ko na wanda ya yi maka alheri. Ninjo kuwa abin da zuciya ke so. Karon da ke tsakanin biyun shi ne tushen waɗannan labarai. Tun 1703 marubuci Chikamatsu ya rubuta wasan kwaikwayo a kan masoyan da suka zaɓi mutuwa tare. Da aka kafa kamfanin finafinai na Nikkatsu a 1912, daga dandamali ya kwaso irin waɗannan labarai, har da al'adar maza su fito a matsayin mata, wadda ba a bari ba sai farkon shekarun 1920.

Fim ɗin da ya fi taɓa ni shi ne Taki no Shiraito na darakta Mizoguchi, 1933. Wata mai wasan ruwa ce a garin Kanazawa, tana tsaye a dandamali, ruwa na tsartuwa daga bakin maficinta. Ta ƙaunaci wani matashi mai tuƙa keken doki, ta ɗauki nauyin karatunsa na shari'a a Tokyo, tana aika masa da kuɗin guminta. Talauci ya matse ta, ta faɗa hannun mai ba da bashi, ƙarshe ta kashe mai ba da bashin. Ranar shari'a, mai gabatar da ƙara shi ne yaron da ta ilimantar. In ya rufa mata asiri, ya ci amanar aikin da ita ta ɗora shi a kai. In ya tuhume ta, ya rama alheri da mugunta. Ita kuma burinta ta ga ya zama mutum, don haka ta amsa laifinta. Dukansu biyu suka rasa rai.

Amma kada ka ɗauka shiru aka kalle shi. A gefen allo akwai benshi, mutumin da ke ba da labari, yana yin muryar kowa, makaɗa na raka shi. Wasu 'yan kallo saboda shi suke sayen tikiti, kuma yana cikin dalilan da suka sa fim marar murya ya kai tsakiyar shekarun 1930 a can. Abin takaici, girgizar ƙasar 1923 da wutar yaƙin duniya na biyu sun cinye mafi yawan finafinan. In ka sake nema, nemi wanda aka haɗa da muryar benshi.