Na fasa aurensa, ya ƙi rabuwa da ni: me doka ta ce?

Tambaya: Barista, a Abuja nake. Wanda na fasa aure da shi ya addabe ni. In na toshe lambarsa sai ya sayi sabon layi, yana tsayawa a ƙofar wurin aikina, yanzu kuma ya ce zai watsa hotunana a Facebook in ban mayar masa da kuɗin da ya kashe ba.

Amsa: 'Yar'uwa, kafin komai kada ki goge saƙo ko ɗaya. Da yawa baƙin ciki kan sa su share komai, su zo wurin lauya hannu rabbana. Ki ɗauki hoton kowane saƙo ta yadda lamba da rana da lokaci za su fito, ki adana saƙonnin murya, kuma kada ki sayar da wayar. Sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 yana buƙatar takardar da ke bayyana na'urar da shaidar ta fito daga ciki, lauyanki zai shirya ta.

Dokoki biyu ne suka hau kansa. Dokar VAPP ta 2015, wato dokar hana cin zarafin mutane, a sashe na 17, ta mayar da bibiyar mutum laifi: ɗaurin da zai iya kai shekara 2, ko tarar da ba ta wuce naira 500,000 ba, ko duka biyun. Sai sashe na 24 na Dokar Laifukan Intanet ta 2015. An yi masa gyara a 2024 aka taƙaita ɓangarensa na farko, saboda yadda ake kama 'yan jarida da shi, amma batun barazana yana nan daram. Barazanar ɓata suna don a karɓi kuɗi na iya jawo ɗaurin shekara 5, wadda ta sa mutum tsoron kisa ko duka kuwa shekara 10. Babbar Kotun Tarayya ce ke sauraron irin wannan.

Sai dai shari'ar laifi tafiyar hawainiya ce, ke kuma barci kike son yi yau. Shi ya sa na fi karkata ga umarnin kariya na dokar VAPP. Babbar Kotun Abuja za ta iya hana shi kiranki, tura miki saƙo, aiko wani, ko kusantar gidanku da wurin aikinki. In alƙali ya ga akwai haɗari, yana iya ba da umarnin wucin gadi tun kafin a ji ta bakinsa. Ranar da ya taka umarnin, kamu ne. Ki kai ƙorafi hukumar yaƙi da safarar mutane ta NAPTIP, ita ke kula da dokar a Abuja, ko wurin 'yan sanda. In kuɗin lauya ne matsala, ki nemi ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA. Masu karatu na wasu jihohi su duba dokar VAPP ta jiharsu, don VAPP ta tarayya a Abuja kaɗai take aiki. Kaduna, misali, ta yi tata a 2018.

Maganar kuɗinsa kuwa, in yana ganin yana bin ki toshi ko lefe, ƙofar kotu a buɗe take, ko manya su zauna a lissafa. Ba na ƙin sulhun iyaye, amma a rubuta shi a sa hannu, kuma kada ki je ganinsa ke kaɗai da sunan "mu fahimci juna". Ki sa wani babba a gidanku ya aika masa saƙo ɗaya cewa ya daina nemanki, ku ajiye kwafinsa, daga nan kada ki sake amsa masa.