Amsa ga 'yar'uwar da ke son kai Mamanta yawon keken doki a Alaska

Salamu alaikum 'yar'uwa. Wallahi ina karanta tambayarki sai da na ajiye wayar na ɗan yi shiru, don kamar ni ce na rubuta ta. Kin ce ku da maigida za ku kai Mama Alaska a watan Yuli, kun ga tallar wannan yawon da ake sa mutane a keken doki a shiga da su daji kusa da babban gandun dajin Denali a ba su abinci a can, kina tambaya ko ya dace da dattijuwa mai ciwon suga da ciwon gwiwa, kuma ya maganar abincin take. To ni na je, a 2023, da tawa mahaifiyar, ita ma suga gare ta, kuma abin da ya same mu a wannan yammacin har yau in na tuna sai ƙirjina ya yi nauyi.

Bari in fara cewa ku je. Kar abin da zan faɗa ya sa ki fasa. Hajiyarmu ta zo min wankan jego ne, ta yi wata biyar a cikin gida tana fama da ni da jariri, ba inda ta leƙa sai asibiti da masallacin Juma'a, shi ne Baban yara ya ce kafin ta koma Kano sai ta ga wani abu na ƙasar nan ta Amurka. Muka sauka Anchorage muka hau jirgin ƙasa, kusan awa takwas zuwa tashar Denali, in mota ce mil 240 ne wajen awa biyar, amma ga mai ciwon gwiwa jirgin ƙasan ya fi don tana iya miƙewa ta taka, ga banɗaki. Keken dokin kuma a wajen Healy yake, wani ɗan gari mai mahaƙar kwal, mil 11 arewa da ƙofar shiga gandun. Motarsu ce take zuwa otal ta ɗauke ku.

Dawakin nan 'yar'uwa sai kin gani. Irin na jan kaya ne, guda biyu a gaban keke ɗaya, kowanne ya kai kilo 800 zuwa 900, kofatonsa kamar farantin cin abinci. Hajiya da ta tashi tana kallon hawan daushe duk shekara ta tsaya ta riƙe baki, ta ce "wannan ko dokin sarki ya tsaya kusa da shi ai ɗa ne." Yarinyar da ke tuƙa mu, ba za ta wuce shekara ashirin da biyu ba, ta kama hannun Hajiya ta ɗora a wuyan ɗaya daga cikinsu, Hajiya tana shafa shi tana masa magana da Hausa tana "sannu bawan Allah, sannu da aiki." Keken yana da rufin tamfol da benci, akwai barguna, tafiya a hankali ƙwarai kamar amalanken shanu, ba ƙarar inji sai ƙarar kofato da kacar linzami. Itatuwan wajen gajeru ne sirara saboda ƙasan a daskare take daga ciki duk shekara, saiwa ba ta samun nitsewa. Muka ga wannan dabbar da suke kira mus tsaye cikin ruwa tana cin ciyawa, ta fi doki tsayi, ga ɗanta a gefe, yarinyar ta ce kowa ya zauna yadda yake don uwa mai ɗa ta fi komai haɗari a lokacin. Wannan awa ɗayar ta tafiya ban taɓa ganin fuskar mahaifiyata a sake haka ba tun rasuwar Babanmu.

Matsalar daga otal ta faro. Akwai wani mutum a teburin da ake sayar da tikitin yawace-yawace, a wajensa muka biya. Na tsaya a gabansa da goyo na yi masa bayani dalla-dalla, na ce mu Musulmi ne, ba ma cin alade, ba ma cin naman da ba yankanmu ba, kifi kawai za mu ci kuma dan Allah a gasa shi daban, na ce mahaifiyata tana da suga tana shan magani kafin cin abinci saboda haka dole in tabbatar akwai abin da za ta ci. Har sau biyu na maimaita. Yana ta murmushi yana gyaɗa kai yana ba matsala, ba matsala, zai rubuta musu yanzu. Na ga yana danna kwamfuta da idona. Ashe kuɗinsa kawai yake shigarwa, ko kalma ɗaya bai aika musu ba. Kuma ni da na yarda da shi sai na bar jakar abincinmu a ɗaki, dabino da biskit da komai, don hannuna ya cika da kayan jariri.

Muka isa rumfar cin abincin, ta katako ce a tsakiyar daji, hayaƙin gashi na tashi, ƙamshi ko'ina. Hajiya ta haɗiye ƙwayarta tun muna saukowa daga keke kamar yadda ta saba. Na zagaya wajen mai gashin don in gaishe shi in nuna masa mu ne masu kifin nan, sai na tarar da kifin salmon ɗin a kan raga ɗaya da haƙarƙarin alade, gefe da gefe, man wannan na gangarowa kan wancan, ƙarfe ɗaya yake juya su da shi. Na ce masa ba a gaya maka ba? Ya kalle ni ya ce wa zai gaya masa me. Bawan Allah ba laifinsa ba ne, har ya shiga damuwa ya duba ko akwai sauran ɗanyen kifi, babu, an riga an zuba duka a wuta tunda a ƙirge suke kawo shi. Na ce to waken fa? Ya ce akwai naman alade a ciki. Abin da ya rage mana masara da ɗan salak ɗin kabeji da burodi. Ke kin san iyayenmu, tunda ta ga ragar nan da idonta ranta ya ƙi komai na wajen, ta gutsiri burodi sau biyu ta ajiye ta ce ita ta ƙoshi, "ku ci ku, ni kallo na zo." Na roƙe ta, Baban yara ya roƙe ta, ta ce a ƙyale ta. Ga mutane kusan ashirin ana ta ci ana dariya mu muna zaune da faranti kusan wayam.

A hanyar dawowa ne abin ya faru. Aka fara yayyafi, iska ta juya, sanyi ya sauko lokaci ɗaya duk da Yuli ne. Ina shayar da yaro a ƙarƙashin bargo sai na ji kafaɗarta ta jingino da tawa da nauyi. Na ce Hajiya? Ta amsa amma maganar ba ta fita daidai, kamar harshenta ya yi nauyi. Na taɓa goshinta, zufa ce sharkaf cikin wannan sanyin, hannunta na rawa. Na san sugan ne ya faɗi. Na laluba jakar jariri ko alewa ɗaya babu, sai famfas da goge-goge. Waya ba sabis. Kuma doki ba mota ba ne da za ki ce direba taka, hanya ce ta ƙasa mai ramuka, in suka yi gudu ma wani haɗarin ne. Ban san sanda na fara kuka ina kiran sunan Allah da ƙarfi ba, ina cewa na raba ta da gidanta da 'yan'uwanta na kawo ta ƙarshen duniya, me zan gaya wa yayyena. Abin da ke yawo a kaina kenan, me zan ce musu.

Yarinyar nan mai tuƙi, Allah Ya shirye ta Ya saka mata, ta tsayar da dawakin ta juyo ta tambayi mutane wa ke da abu mai zaƙi. Wata tsohuwar Baturiya ta zaro kwalin lemon tuffa na jikarta, wani ya miƙo cakulan. Muka ɗaga kan Hajiya tana kurɓa kaɗan-kaɗan, yarinyar ta cire rigar ruwanta ta lulluɓa mata a kan bargo, ta yi magana da mutanensu ta rediyon hannu suka kawo mota bakin hanya. Wajen minti goma sha biyar kafin idonta ya dawo daidai. Kalmar farko da ta faɗa wai ina yaron, an rufe masa kai? Minti goma sha biyar ɗin nan ban taɓa rayuwa mai tsawonsu ba.

Washegari na koma wajen mutumin teburin. Wallahi ko haƙuri bai ba ni ba. Ya ce shi tikiti yake sayarwa, maganar abinci tsakanina da masu yawon ce, ai yana rubuce a ƙasan takardar. Na ce to me ya sa ka ce min ka rubuta musu? Ya ɗaga kafaɗa ya kalli na bayana a layi. Da ya ce min tun farko ba aikinsa ba ne da na kira su da kaina, minti biyu ne. Wannan ɗaga kafaɗar ita ta fi ci min rai har yau, mutum ya kusa jawo miki rasa uwa kuma ko a jikinsa. Na rubuta ƙorafi ga otal ɗin, suka turo min irin amsar nan da ake tura wa kowa. Na bar shi da Allah, amma ban manta fuskarsa ba.

Don haka dan Allah ki nemi lambar masu keken da kansu, ki ce a haɗa ki da wanda ke kula da kicin, kwana biyu ko uku kafin ranar, ki kuma sake kira da safen. Kar ki ce musu "halal" kawai ki yi shiru, da yawa ba su san me yake nufi a aikace ba, wasu ma sun ɗauka rashin cin alade ne kurum. Ki ce kifi a naɗe shi a takardar foyil a gasa shi gefe, da abin juyawa daban, kar a zuba masa miya mai giya. Da na yi magana da su daga baya suka ce da sun sani abu ne mai sauƙi a wajensu. Ki tambayi wake, ki tambayi dankali ko an barbaɗa masa soyayyen alade. In yawon safe kuka zaɓa za a kawo tsiran da suke cewa na barewar ƙanƙara ne, ku bar shi, yawanci a haɗe yake da alade. Kuma duk alƙawarin da aka yi miki ki riƙe abincinki a jaka, dabino, lemon kwali biyu, dafaffen ƙwai, filas na shayi. Mama kar ta sha maganin sai abinci yana gabanta ta gani ta yarda za ta ci, ki kuma yi maganar tafiyar da likitanta tun yanzu. Na'urar gwajin suga a jakar hannu, ba a akwati ba. A Healy ƙaramin kilinik ne kawai, babban asibiti sai Fairbanks, tafiyar awa biyu, ki tabbata inshorar baƙi da kuka yi mata tana aiki.

Gwiwa kuma, hawa keken akwai 'yan matakala, mu biyu muka tallafa mata, ki roƙi bencin gaba don baya ya fi jijjiga, ki tafi mata da ɗan matashi. Kaya a sa su bisa-bisa, rigar sanyi a ciki, abaya, sai jaket mai hana ruwa, safa mai kauri, takalmi rufaffe. Sauro, ke dai kar in ba ki labari, Yuni da Yuli lokacinsu ne, manya ne kuma suna cizo ta cikin siririn mayafi, babu maleriya amma Hajiya sai da ƙafarta ta kumbura. Ki sayi maganin shafawa tun a Anchorage, kusa da gandun komai tsada.

Wani abin da ba wanda ya gaya min shi ne sallah. A farkon Yuli rana ba ta faɗuwa sai kusan sha biyun dare, kafin huɗu ta fito, tsakanin ma ba duhu na gaske. Hajiya ta rikice ƙwarai, tana zaune kan darduma tana jiran magariba har barci ya ɗauke ta, ta tashi cikin damuwa tana istigfari. Akwai masallaci a Anchorage, ku biya ku tambayi yadda suke yi, ko ki tambayi malaminku kafin ku taso, don malamai sun yi bayani a kan irin waɗannan garuruwan, a gaya wa Mama tun a gida hankalinta ya kwanta. Ki saya mata abin rufe ido na barci.

Kuma kar ki yi mata alƙawarin ganin dutsen Denali da ke cikin gandun. Shi ne mafi tsawo a Arewacin Amurka, mita 6,190, amma gajimare ke rufe shi yawancin ranakun bazararsu, ana cewa cikin mutum uku da ƙyar ɗaya ke ganinsa, mu kwana uku muka yi ba mu gan shi ba sai a hanyar komawa ta tagar jirgin ƙasa. Yawon keken ma ba cikin ainihin gandun yake ba, a gefensa ne. In kuna son shiga ciki bas ake hawa, lokacin da muka je tana tsayawa a mil 43 saboda zaftarewar ƙasa da ta yanke hanyar tun 2021, ki duba ko an buɗe. Ni dai ban kai Hajiya wannan ba, zaman awa biyar a bas ya yi mata yawa bayan abin da ya faru.

Ki riƙe 'yan daloli a hannu na ihsani ga mai tuƙin, yawancinsu ɗalibai ne da ke zuwa aikin wata huɗu, daga tsakiyar Mayu zuwa tsakiyar Satumba. Hajiya zoben azurfarta ta cire za ta ba yarinyar nan, ta ƙi karɓa, sai suka rungume juna. Yanzu haka hoton da ta ɗauka da dokin yana bangon ɗakinta a Kano, duk wanda ya shigo sai ta nuna masa kofaton. In kin sa ranar ki min magana ta inbos in turo miki abin da na rubuta da Turanci na bayanin abincin, sai ki karanta musu a waya. Ki gaishe min da Mama da jiki.